Sana'a mai takarda da sana'a marar takarda: mine ne bambancinsu?

Ƴan uwa manoma da makiyaya, maza da mata, duk wanda ya shiga kasuwar Dole ta Damagaram, ko babbar kasuwar Maraɗi, ko Katako ta Yamai, zai ga dubban mutane suna neman na kansu. Ga mai tuyar ƙosai, ga maƙeri, ga tela, ga mahauci, ga dillalin awaki, ga ɗan kabu-kabu yana jiran fasinja. In ya fito ya bi babban titi, sai ya ga banki, da farmasi, da gidan mai, da ma'aikatun gwamnati. Duka waɗannan neman abinci ne, amma ba hanya ɗaya suke bi ba.

Masana tattalin arziki sun raba su gida biyu. Da Faransanci suna ce ma gida na farko "sektar formel", na biyu kuma "sektar anformel". Mu a nan za mu kira su sana'a mai takarda da sana'a marar takarda. Sanin bambancinsu yana da amfani a gare mu, don kuwa ya shafi lafiyar iyalinmu, da gonarmu, da aljihunmu.

Mice ce sana'a marar takarda?

Ita ce sana'ar da ba a rubuta ta ba a littafin hukuma. Mai ita ba ya da lambar rajista. Ba ya rubuta abin da ya shiga da abin da ya fita. In ya ɗauki yaro aiki, da baki suke shiryawa. In ya sayar da kaya, ba ya ba da resi, wato takardar shaidar biya. Jarinsa daga aljihunsa yake, ko daga ɗan uwa, ko daga adashi. Mafi yawan lokaci kuɗin sana'a da kuɗin cefane cikin aljihu ɗaya suke.

Manomin da ke noma gonar gado da ƴaƴansa yana cikin wannan gida. Haka mai garka, da makiyayi, da macen da ke matsar man gyaɗa cikin gida, da mai ga-ruwa, da mai amalanke, da magini, da wanzami.

A nan sai mu lura da abu guda. Sana'a marar takarda ba sana'ar laifi ba ce. Mai sayar da fura ba ta karya doka ba, halalinta take nema. Wanda ke sayar da jabun magani ko yake fasa-ƙwaurin kayan da aka hana, shi ne mai laifi. Kada mu haɗa su wuri ɗaya.

Mice ce sana'a mai takarda?

Ita ce wadda hukuma ta san da ita. Mai ita ya rubuta sunanta a rajistar kasuwanci. Ma'aikatar haraji ta ba shi lamba, wadda ake kira NIF. Yana da littafin lissafi. Yana ba da resi. Ma'aikatansa suna da takardar ɗaukar aiki, suna karɓar albashi a ƙarshen wata, an kuma rubuta sunansu a asusun CNSS, wanda ke kula da fansho da haɗarin wurin aiki. Ma'aikatan gwamnati su ma cikin wannan gida suke, kamar malamin makaranta, da malamin gona, da ma'aikacin gidan likita. Haka matatar mai ta Soraz da aka buɗe kusa da Damagaram a 2011, da bankuna, da kamfanonin waya.

Daga ina wannan rabo ya samo asali?

Sana'o'inmu sun girmi takardar Bature nesa ba kusa ba. Kakanninmu sun yi fataucin goro zuwa Gwanja, sun kai gishiri da kanwa Kano, ba tare da lambar rajista ba. Sunan ne kawai sabo. Wani masani ɗan Ingila mai suna Keith Hart ya yi bincike a unguwar Nima ta birnin Akara, a ƙasar Gana, unguwar da ake jin Hausa ƙwarai. Ya ga mutane da yawa waɗanda littafin gwamnati ke lissafawa cikin marasa aiki, alhali kuwa kullum suna fita nema, suna ciyar da iyali. A 1971 ya gabatar da wannan suna. A 1972 ƙungiyar ƙwadago ta duniya, wato OIT, ta yi amfani da shi cikin wani rahoto a kan ƙasar Kenya. Daga nan ya bazu.

A 2018 wannan ƙungiya ta ba da lissafi. Ta ce mutum biliyan 2, wato miliyan dubu 2, suna aiki marar takarda a duniya. Cikin masu aiki 100 na duniya, 61 ke nan. A Afirka sun kusan 86 cikin 100. A Afirka ta yamma sun wuce 90 cikin 100. Ashe ke nan ba mu kaɗai ba ne, kuma mu ne mafi yawa.

Bambanci guda 5

Na 1, haraji. Mai takarda yana biya bisa abin da littafinsa ya nuna. Wasu na cewa marar takarda ba ya biyan kome. Wannan ba gaskiya ba ce. Yana biyan tikitin kasuwa, yana biyan kuɗin shigar da dabba kara, yana biyan lanho. Mu ɗauki misali. In mai sayar da waina tana biyan dala 10 kowace rana, ta yi kwana 300 tana fitowa, ta biya dala 3000 ke nan, wato jika 15 a shekara. Kuma duk lokacin da ta sayi sukari ko sabulu ko katin waya, akwai haraji cikin kuɗin. Saboda haka tana da haƙƙin ta tambayi meri ruwa, da makewayi, da shara a kasuwa. Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.

Na 2, haƙƙin ma'aikaci. Doka ta yanka mafi ƙarancin albashi, wanda aka ɗaga zuwa jika 42 a wata. Ta ba mace ma'aikaciya hutun haihuwa na mako 14. In ma'aikaci ya ji rauni wurin aiki, asusu yana ɗaukar nauyinsa. In ya tsufa, yana da fansho. Marar takarda ba ya ganin ko ɗaya daga cikin waɗannan. Ranar da bai fita ba, ranar ba a ɗora tukunya. In injin niƙa ya cinye yatsun yaro, sai dai abin da mai injin ya ga dama ya ba shi. Fanshon manomi kuwa ƴaƴansa ne da ƴan bisashensa.

Na 3, bashi. Banki ba ya ba da bashi sai ya ga takarda: katin shaida, da littafin lissafi, da abin jingina. Wanda ba ya da su sai ya tafi wajen ɗan kasuwa ko wajen dangi.

Na 4, awo. Mai takarda yana awo da kilo da lita, kuma nauyin yana rubuce a jikin buhu. Mu kuwa da tiya muke awo. Ana cewa tiya 40 ta hatsi ita ce buhu mai kilo 100. Amma mun sani tiyar saye daban, tiyar sayarwa daban. Wata an bubbuge gindinta ta faɗaɗa, wata an yanke mata baki.

Na 5, bincike. Kayan mai takarda akwai wanda ke duba su kafin su iso gare mu. Naman da aka yanka a mahautar hukuma, likitan dabbobi ya duba shi, ya buga masa hatimi. Irin shuka na hukuma an gwada tsirarsa. In kayan suka fito da aibi, an san wanda za a kama. Kayan marar takarda kuwa, idon mai saye ne kawai ke dubawa.

Don mi marar takarda ta fi yawa?

Dalili na farko, aikin albashi kaɗan ne. Kowace shekara samari da ƴan mata da yawa suna isa aiki, amma ma'aikatu ba su ƙaruwa kamar yadda jama'a ke ƙaruwa.

Dalili na biyu yana cikin tarihinmu. Bayan samun mulkin kai, gwamnati ta riƙe babban ciniki a hannunta. A 1962 ta kafa SONARA don sayen gyaɗa. A 1970 ta kafa OPVN don cimaka. Cikin shekarun 1980 kuɗin uraniyom ya faɗi, bashi ya yi ma ƙasa yawa, sai gwamnati ta janye hannunta daga ciniki da yawa, ta kuma rage ɗaukar ma'aikata. A watan Janairu na 1994 aka karya darajar kuɗin sefa da rabi. Kayan waje suka yi tsada, har da magani da takin zamani. Talaka ya koma neman mai araha a bakin hanya.

Dalili na uku, iyaka. Tsakaninmu da Najeriya akwai iyaka mai tsawon kilomita kusan 1500, kuma dangi ɗaya ne ke zaune gefe da gefe. Daga Ƙonni zuwa Illela, daga Ɗan Isa zuwa Jibiya, daga Magarya zuwa Ɓaɓura, wake da bisashe suna tafiya kudu, masara da taki da kayan kanti suna tahowa arewa. Babban rabo na wannan ciniki ba ya shiga littafin duwan. An rufe iyakar daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, aka sake rufe ta daga Agusta 2023 zuwa Maris 2024. Duka lokutan biyu kowa ya ji a jikinsa, don kaya sun yi tsada.

Dalili na huɗu, nisa da rashin karatu. Ofishin rajista yana birni, takardunsa da Faransanci suke. Mutumin ƙauye yana tsoron in ya rubuta sunansa, haraji ne zai biyo shi gida.

Amfanin sana'a marar takarda

Kada mu raina ta, don ita ke ciyar da ƙasa. Albasar Galmi da ke zuwa Abijan da Akara, da ayar Maraɗi, da tattasan Difa, da ragunan layya, mafi yawansu ta hannunta suke bi. Ba ta tambayar takardar makaranta. Da jari kaɗan ake fara ta. Tana sayar ma talaka daidai ƙarfinsa: man dala 5, sukarin dala 10, gishirin dala 2. Tana koya ma yara sana'a a gindin maigida. A Katako da sauran kasuwanni, maƙera suna maida tsohon ƙarfe ya zama garma, da murhu, da tukunya.

Kuma tana da tsarinta. Akwai sarkin kasuwa, akwai sarkin pawa, akwai sarkin maƙera. Dillali yana tsaya ma baƙo, ya shaida cewa dabbar ba ta sata ba ce. Uwar adashi tana riƙe amanar zubi. Abin da takarda ke yi a wancan gida, yarda ce ke yin shi a wannan gida. Mutum yana tsoron ɓata sunansa da na gidansu.

To amma yarda tana aiki ne inda aka san juna. Mai tuyar ƙosai ta ƙauyenmu ba za ta zuba mana abin cutarwa ba, don gobe ma za mu haɗu. Kwalbar da ta fito daga wata ƙasa mai nisa, ta bi hannu goma kafin ta iso kasuwarmu, wa muka sani cikin masu ita? Mai sayarwa kansa bai san abin da ke ciki ba. A nan ne haɗari yake. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Haɗari na farko: maganin bakin hanya

Kowa ya san masu yawo da magani cikin tire, ko a bayan keke, ko a shimfiɗe ƙasa ranar kasuwa. Suna kusa, suna sayar da ƙwaya ɗaya ɗaya, har bashi suna bayarwa. Amma ga abin da ya kamata mu sani.

A 2017 hukumar lafiya ta duniya, wato OMS, ta ce cikin magani 10 da ake sayarwa a ƙasashe masu ƙaramin ƙarfi, 1 jabu ne ko marar inganci. Jabu yana kama da na gaskiya, kwalinsa ɗaya, launinsa ɗaya. Wani ba kome cikinsa sai gari. Yaro mai zazzaɓin cizon sauro in aka ba shi irin wannan, uwa tana ganin ta ba da magani, alhali cutar tana ci gaba da cinsa. Kwana biyu ko uku da aka ɓata suna iya zama sanadin rasa yaron.

Ko maganin na gaskiya ne, rana tana lalata shi. Yawancin magunguna ana so a ajiye su inda zafi bai wuce digiri 25 ko 30 ba. A watan Afrilu zafin Tawa yana wuce 40. Maganin da ya yini cikin tire a wannan rana ya rage ƙarfi.

Sa'an nan mai talla bai auna marar lafiya ba. Bai san nauyin yaro ba, bai san ko mace tana da ciki ba. Yakan sayar da kafso biyu ko uku, alhali ana bukatar a sha na kwana 5 ko 7. Shan rabin magani yana sa ƙwayar cuta ta saba da shi, gaba in an sha ba ya aiki. Ta wannan hanya kuma tramol ya shiga hannun samarinmu, suna sha don su jure aiki, ya koma yana sa su farfaɗiya da taɓin hankali.

A gidan likita ana gwada jini da ɗan tsinke, cikin minti 15 ko 20 a san ko zazzaɓin sauro ne. Akwai kuma magungunan da ake kira janarik. Aikinsu ɗaya da masu tsada, kuɗinsu kaɗan. Mu tambaye su. Mu da muka iya karatu, mu duba jikin kwali. Inda aka rubuta EXP, kwanan mutuwar magani ke nan. In an rubuta EXP 06/2027, ma'anarsa bayan watan 6 na 2027 ba a shan shi.

Haɗari na biyu: maganin ƙwari, da iri, da taki

Maganin ƙwari guba ne. Ƙasashen Sahel suna da kwamiti guda, mai suna CSP, wanda ke gwada shi kafin a yarda a sayar. Wanda aka yarda da shi yana da lambar CSP a jikin kwalba. Yana da zane mai launi a ƙasan takardarsa. Ja shi ne mafi haɗari, sai rawaya, sai shuɗi, sai kore. An rubuta yawan da za a zuba cikin ruwa, da kwanakin da za a jira kafin a ɗebi amfani a ci.

A kasuwa kuwa mukan ga an ɗura magani cikin kwalbar lemo, babu suna, babu awo. Manomi ya zuba da ka. In ya yi kaɗan, ƙwaro bai mutu ba, kuɗi sun tafi. In ya yi yawa, ganye ya ƙone, mai feshi ya kwana da ciwon kai da amai. Yaro kuma yana iya ganin kwalbar ya zaci abin sha ne. Wasu suna zuba piya-piya cikin waken da za a ci. Wannan ganganci ne. Akwai buhu mai ninki uku, wanda ake kira PICS. In an ɗaure shi da kyau, iska ba ta shiga, ƙwaro yana mutuwa ba tare da guba ba.

Iri ma haka ne. Irin da manomi ya zaɓa da hannunsa daga gonarsa, ya san shi. Irin da maƙwabci amintacce ya ba shi, ya ga gonar da ya fito. Amma hatsin da aka auno a kasuwa aka ce HKP ne, babu takarda a bakin buhu, sai bayan shuka ake gane gaskiya, lokacin kuwa damina ta yi nisa. Ingantaccen iri yana zuwa da takarda mai sunansa da shekarar da aka noma shi. Kafin shuka mu gwada: mu ƙirga ƙwara 100, mu sa cikin jiƙaƙƙen tsumma, mu riƙa yayyafa ruwa har mako guda. In 80 ko fiye suka tsira, irin yana da kyau. Taki kuma mu sayi wanda ke cikin buhunsa na asali, ɗinkinsa ba a kwance ba, lambobinsa a rubuce, kamar 15-15-15. Wanda aka zazzage ana aunawa da tiya, ana iya gauraya shi da yashi. Araha ba ta ado.

Haɗari na uku: bashin baki da cinikin gona

Cikin watan Agusta rumbu ya ƙare, aikin gona ya yi yawa, zazzaɓi ya shigo gida. Sai manomi ya karɓi kuɗi wajen ɗan kasuwa, a kan zai biya da hatsi in kaka ta yi. Mu yi lissafi da misali. Ya karɓi jika 15 a Agusta. A Oktoba ya ba da buhu guda, wanda a ranar yake jika 20 a kasuwa. Cikin wata biyu ya yi asarar jika 5, wato kashi ɗaya cikin uku na abin da ya karɓa. In bazara ta yi, wataƙila shi ne zai koma ya sayi wannan buhu jika 30. Haka ake shiga ramin da ba a fita.

Kuma da yake da baki aka yi, in gardama ta tashi, mai ƙarfi ke da gaskiya. Haka zancen gona yake. An ba da aro ko jingina gaban mutum biyu. Shekara 20 ta wuce, shaidu sun rasu, ƴaƴa suka tashi, wannan ya ce saye ne, wancan ya ce aro ne. Gidaje da yawa sun rabu a kan haka. Rubuta bashi ba al'adar Bature ba ce. Aya mafi tsawo cikin Alƙur'ani, ta 282 a suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaidu take.

Gada tsakanin gidajen biyu

Ba a ce kowa ya bar sana'arsa ya tafi neman aikin ofis ba. Abin da ake so shi ne mu ɗauko abin da ke da amfani cikin takarda, mu haɗa da yardar da muka gada. Akwai hanyoyin da aka gwada a ƙasarmu.

Mata Masu Dubara. A 1991 aka fara wannan tsari a jihar Maraɗi, tare da ƙungiyar CARE. Mata suna taruwa kowane mako, suna zubi cikin akwati, suna ba junansu bashi, in shekara ta kewayo su raba uwa da riba. Daga adashi aka ɗauko shi, aka ƙara masa doka da lissafi. Daga Maraɗi ya bazu zuwa ƙasashe da yawa na Afirka da wajenta.

Warantaj. An fara shi a Nijar a ƙarshen shekarun 1990, da taimakon hukumar FAO. Manoma suna tara amfaninsu cikin magaza a kaka. A kulle da kwaɗo biyu, mabuɗi ɗaya wajen ƙungiya, ɗaya wajen asusun ba da bashi. Asusun ya ba su kuɗi, su yi kiwo ko noman rani. In hatsi ya yi daraja, su biya bashi, su buɗe magaza. Ribar da ɗan kasuwa ke ci ta dawo gida.

Ƙungiyar manoma mai rajista. Mutum ɗaya ba ya iya zuwa birni sayen buhu biyu na taki. Mutum 50 in suka haɗa kuɗi, suna saye a wurin da aka yarda da shi, su karɓi resi, su buɗe asusu da sunan ƙungiya. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Kwamitin filaye. Dokar karkara ta 2 ga Maris 1993 ta kafa kwamitocin da ake kira COFO. Akwai su har a ƙauyuka, ƙarƙashin mai gari. Suna ba da takardar saye, da ta kyauta, da ta aro, da ta jingina, da ta gonar gado.

Rajista mai sauƙi. Dokar kasuwanci ta OHADA, wadda Nijar ta sa ma hannu tun 1993, ta buɗe ma ƙaramin mai sana'a hanya a 2010. Yana iya bayyana sana'arsa ga hukuma ba tare da ya kafa kamfani ba. Wanda sana'arsa ta fara girma, yana son bashin banki ko kwangilar meri, sai ya nemi bayani a ɗakin ƴan kasuwa na jiharsa.

Hukuma ita ma tana da nata aiki. Sai ta kawo ofis kusa da jama'a, ta yi bayani da harsunanmu, ta sa magani ya wadata a gidajen likita na karkara. In talaka ya je gidan likita bai samu magani ba, wajen mai tire zai koma. In kuma ya ga inda harajinsa ke tafiya, ba zai guji rajista ba.

Abin da za mu iya farawa tun yau

1. Mu sayi ɗan littafi da biro. Kowace rana mu rubuta abin da muka kashe da abin da muka samu.

2. Mu raba kuɗin sana'a da kuɗin cefane, kowane da wurinsa.

3. Duk bashin da muka ba da ko muka karɓa, mu rubuta suna, da yawan kuɗi, da ranar biya, gaban shaidu biyu. Da Hausa ma ya isa, da boko ko da ajami.

4. In mun biya tikiti ko lanho, mu karɓi takarda, mu adana.

5. Magani, sai a gidan likita ko farmasi ko wurin ajiyar magani da hukuma ta yarda da shi. Mu karanta kwanan mutuwarsa.

6. Maganin ƙwari, sai mai lamba da takarda a jikinsa. Mu nemi shawarar malamin gona. Kwalbar da ta ƙare, kada a zuba ruwa ko mai cikinta.

7. Cinikin gona, ko aro, ko jingina, mu kai shi gaban COFO.

8. Mu nemi takardar haihuwa ta ƴaƴanmu da katin shaida namu, don su ne mabuɗin sauran takardu.

Ƴan uwa, da can muna tsoron takarda don ba mu san abin da ke cikinta ba. Wani ke karanta mana, wani ke rubuta mana, mu dangwala yatsa kawai. Yanzu mun shiga makarantar yaƙi da jahilci, mun iya haɗa baƙi, mun iya lissafi. Ƙosai da fura da garma, mu ci gaba da saye wajen mutanen da muka sani. Amma abin da zai shiga jikin yaro, da abin da za a fesa ma gona, da bashi, da fili, waɗannan kada mu yarda sai da takarda. Wanda ya karanta wannan bayani, ya karanta ma maƙwabcinsa da bai iya ba tukuna.

Allah ya ba mu lafiya, ya sa albarka cikin nemanmu, ya ba mu damina mai kyau.